Gafara a Bakin Raga

Kafin kowa a Doha ya gane abin da ya ɗaure harshen Mubarik, Baba Mudasiru ya riga ya gani. Ya riga Baturen da ya ƙarar da rayuwarsa a ƙwallo, ya riga 'yan jami'a masu gilashi, kai, ya riga shi kansa Mubarik ɗin sanin cewa yana da ciwo. Kuma ba abin mamaki ba ne. Mutumin da aka koro daga Legas da jaka ɗaya a ka, ya ƙetare saharar Libiya a bayan motar gawayi, ya faɗo daga bene a Sanaiya, unguwar masana'antun Doha, ya tashi ya kaɗe wando ya nemi shayi, ba filin ƙwallo ne zai ɓoye masa wani abu ba.

Baba Mudasiru ɗan zangon Kumasi ne. Aikinsa a wani kulob da ke kusa da Nu'aija shi ne wankin rigunan 'yan wasa, hura ƙwallaye, da dafa karak, shayin madarar nan da in babu shi Doha ba ta tashi daga barci. Bai taɓa zama a aji ba, kuma bai yarda wannan nakasa ce ba. Yakan ce makarantar da ya yi malamanta yunwa da rana ne, kuma a can ba a maimaita aji, binnewa ake yi. Sa'o'insa duk sun koma gida tun tuni. Shi kuwa, in ji shi, duk lokacin da ya ambaci tafiya sai kafil ɗinsa, wato maigidan da ya tsaya masa a takardun zama, ya kama ciwon kai.

A kulob ɗin nan ya haɗu da Clive Hebden, Baturen Ingila mai horar da masu tsaron gida. Bakin Baba bai ga dalilin wahala da sunan ba, ya mayar da shi Malam Kilaf, kuma haka ya bi shi. Dogo ne, fuskarsa ja kamar tattasai in ya sha rana, yatsunsa kuwa kowanne ya kama gabansa kamar ɗanyar citta, saboda babu wanda ƙwallo ba ta taɓa karyawa ba. Da Turancin da Baba ya tsinta a tashoshin mota suke hira, kuma a hirar ne ya san tarihinsa kaf.

Malam Kilaf ya fara tsaron gida a wani ƙaramin gari a arewacin Ingila, inda ruwan sama ba ya hutun Juma'a balle na Lahadi. Daga nan ya yi ta yawo daga wannan ƙaramin kulob zuwa wancan kamar makiyayi mai bin ciyawa. Ya taɓa kaiwa babban rukuni, amma benci ya ɗumama har shekarar ta ƙare. Sau ɗaya tak ya tsaya a wasan ƙarshe na kofi, a babban filin Landan, yana saurayi. An kusa tashi aka ɗago ƙwallo sama. Ya fito zai kama, kyaftin ɗinsa ma, wani ƙato mai gashin baki da kowa ke tsoro, ya ja da baya zai sa kai. Bakin Kilaf bai buɗe ba. Suka yi karo, suka zube, ƙwallo ta gangara raga a hankali kamar mai zuwa gaisuwa. Hoton yana nan a waya, kowa na iya gani. Baba ya kalla har ya haddace kalar safar alƙalin wasa.

Da gwiwa ta ƙi, sai ya koma koyarwa. Ya horar da gololi a Ingila, ya je ƙasar ƙanƙara, ya je ƙasar damina, ya ƙare a Doha. Darasinsa na farko kullum ɗaya ne. Zai ja sabon gola ya tsayar da shi a cikin farin layin da ya kewaye bakin raga, ya ce, “Nan gidanka ne. In ƙwallo ta zo, ka yi magana. Golan da ba shi da murya, hannunsa ado ne.”

To, a sanyin bana kulob ya gaya masa aikinsa ya ƙare, za a kawo wani matashi mai kwamfuta. Baba ya je taya shi ɗaure kaya. Ya ga tsofaffin safar hannu, ya ga hotuna, ya duba saman kabad ya duba ƙasa.

“Malam Kilaf, ina kofunan?”

“Waɗanne kofuna?”

“Na ƙwallo mana. Ko ka riga ka tura su ta jirgin ruwa?”

Bature ya yi dariya, irin wadda ba ta kai ido. “Babu ko ɗaya, Baba. In na zo kulob, sai a ce bara suka ci kofi. In na tafi, sai su ci baɗi.”

Baba ya zauna a kan kwali. Mutum ya yi noma tun yana saurayi har furfura, ya koma gida ba ko zangarniya ɗaya? In jikokinsa suka ce Kaka me ka kawo, ya nuna musu karkatattun yatsu?

“Ba za ka hau jirgi hannu rabbana ba ina raye,” in ji shi. “Ni Mudasiru na faɗa.”

Akwai gasar da 'yan Afirka mazauna Doha ke yi duk Juma'a bayan la'asar a wani fili a Al Thumama, inda jirage ke wucewa ta saman kai. 'Yan zango suna da ƙungiyarsu, Taurarin Zango, kuma Baba ne uban ƙungiya, muƙamin da ya naɗa kansa ba wanda ya yi musu. Can ya ja Malam Kilaf ya miƙa masa golansu, Mubarik, makaniki a wani gareji a Sanaiya. Tafin hannun Mubarik kamar faranti, muryarsa kuwa in ya daka tsawa har jirgin sama sai ya ji kunya. Bature ya gan shi sau ɗaya ya ce, “Ina kuka ɓoye wannan?” Ya koya masa tsayuwa, ya koya masa faɗuwa, ya koya masa lokacin fita da lokacin zama. Wasannin farko babu wanda ya ga cikin ragarsu.

Sai Mubarik ya karɓi ɗan gajeren hutu ya tafi Kumasi ya yi aure.

Ranar da ya dawo fili, kowa na ta ihun ango ya sha ƙamshi. Baba kuwa ba ƙamshi yake kallo ba. Ya ga Alhaji Shamsudeen ya fito daga mota, ya ga Mubarik ya cire safar hannu, ya durƙusa har ƙasa, ya sunkuyar da kai yana gaisuwa da murya kamar ta mai mura. Nan take Baba ya ajiye butar shayi ya ce a ransa, shi ke nan, an gama da mu.

Domin amaryar, Fausatu, 'yar fari ce ga Alhaji Shamsudeen. Shi kuwa Alhaji shi ya kafa ƙungiyar, shi ne kyaftin, shi ne ɗan bayan da ke tsaye daidai gaban gola. Shugaban direbobi ne a wani kamfani, ya doshi hamsin, tumbinsa yana riga shi shiga fili, amma a duniya babu abin da yake so kamar ƙwallon sama. Ko ta wa ce, sai ya bi ta da kai.

Ba a jima da fara wasa ba aka ɗago ta. A da, Mubarik zai daka tsawa ne kowa ya watse. Ranar ya fito, ya ga ƙeyar Alhaji na tahowa da baya, ya buɗe baki, ya rufe. Ya ja gefe cikin ladabi ya ba shi hanya. Ƙwallo ta goge tsakar kan Alhaji ta faɗa raga.

Malam Kilaf ya tuma kamar wanda ya taka garwashi. “Yi magana! Mubarik, yi magana!”

Bayan an tashi ya samu Baba, fuskarsa ta yi fari. “Na san ciwon nan. Tsoro ne. Irin wanda ya kama ni a Landan.”

Baba ya bar shi ya gama. Ya zuba karak, ya hura, ya kurɓa, domin labari mai daɗi ba a sayar da shi da gaggawa.

“Malam Kilaf, kai ka san ƙwallo, ban hana ka ba. Amma abin da babba ya hango a zaune, ko ka hau dogon benen Doha ba za ka gani ba. Wannan ba tsoro ba ne. Kunya ce. Surukinsa ne.”

“Sai me? Ni ma ina da suruki. Tare muke kallon wasa muna musu.”

“A'uzubillahi. To mu namu ba a kiran sunansa, ba a haɗa ido da shi, ba a cin abinci a gabansa. In ka hango shi a hanya, ka sake hanya. Kai kuma kana so yaro ya daka masa tsawa a gaban jama'a ya ce kauce? Gobe Kumasi ta ji, uwar yarinya ta zo ta kwashe kayan ɗaki?”

“To a cire Alhaji.”

Baba ya yi dariya har shayi ya zube masa a riga. “Rigunan da suke sawa nasa ne. Ragar tasa ce. Motar da ke kwaso su daga Sanaiya tasa ce. Cire shi mana, sai mu buga tsirara kuma a ƙasa za mu zo.”

“To a sa wani gola.”

“Wanda ke biye da shi ko kankana aka miƙa masa sai ta faɗi. Ka bar min. Ni na gano cutar, ni zan kawo magani.”

Maganin Baba kuwa na gargajiya ne. A zango in suruki yana da magana da surukinsa, ba ya zuwa da kansa, dattijo yake aikawa. Saboda haka Juma'ar da ta biyo baya Baba ya sa babbar rigarsa ya tsaya a bayan raga a matsayin ɗan aike. Aka shirya Mubarik zai raɗa masa, shi kuma ya isar.

Aka ɗago ƙwallo. Mubarik ya ce ƙasa-ƙasa, “Baba, tawa ce.”

Baba ya gyara murya. Saƙon suruki ba a jefa shi kamar dutse. “Alhaji! Ɗanka Mubarik yana gaishe ka da kyau, ya ce in ba za ka damu ba...”

Raga ta motsa.

A gefen fili akwai 'yan Najeriya masu karatu a jami'o'in Doha, sun zo leƙen abokan hamayya. Kyaftin ɗinsu Mika'ilu, wani siriri ɗan Zariya mai neman digiri na uku, ya riƙe ciki ya durƙushe.

“Baba, ka manta ba ka tambayi iyali ba! Ka koma daga farko!”

“Rufe min baki, ɗan boko. Lokacin da nake tsaron gida a Kumasi da ƙafa ba takalmi, ubanka bai san hanyar makaranta ba.”

“Allah ya ba ka haƙuri, Baba. Mu dai muna jiranku a wasan ƙarshe. Ku taho da goron gaisuwa!”

Baba bai yarda dabararsa ce ta gaza ba. Ƙwallon ce ba ta da tarbiyya. Duk da haka Allah ya rufa asiri, suka rama ana gab da tashi, kuma da yake wasan kusa da na ƙarshe ne, aka tafi bugun fenariti. Nan aka ga abin al'ajabi. Alhaji yana can tsakiyar fili, nesa. Mubarik ya tsaya shi kaɗai a bakin ragarsa, ya buga tafi, ya yi ruri kamar sa, har mai bugun farko ya aika tasa wajen ajiye motoci. Ta biyu ya cafke, ta uku ya doke. Taurarin Zango suka kai wasan ƙarshe.

Kowa na murna, Malam Kilaf kuwa ya tsaya yana kallon farin layin bakin raga, yana murza karkataccen yatsansa. Da suka shiga mota ya ce, “Baba, in tambaye ka. A wurinku, uban mace yana shiga gidan mijin 'yarsa yadda ya ga dama?”

“Wa? Alhaji? Ya kutsa kai gidan Mubarik? Ai ko gobara ake yi sai ya tsaya a ƙofa ya ce gafara. Da yawa ma ba sa zuwa sam. Kunyar ai ba gefe ɗaya take ba, shi ma...”

Baba ya juyo a hankali ya dubi Bature.

“Kullum me nake gaya wa gola?” in ji Kilaf.

“Nan gidanka ne.” Baba ya daki cinyarsa. “Wallahi abin da nake shirin gaya maka ke nan! Ka riga ni buɗe baki ne kawai.”

Ranar Laraba da hantsi suka tafi ofishin Alhaji Shamsudeen, Baba a gaba da ƙullin goro, Bature a baya yana ta sunkuyawa kada ƙofa ta fasa masa goshi. Aka gaisa, aka sake gaisawa. Alhaji ya sa aka kawo karak.

“Alhaji,” in ji Baba, “magana ce ta kawo mu, kuma don ni ne kawai zan iya faɗa maka. Mutane sun fara surutu.”

“Surutun me?”

“Cewa kana shiga gidan surukinka ba sallama. Ba sau ɗaya ba, ba sau biyu ba. Da gudu ma. Da baya ma.”

Alhaji ya miƙe tsaye, kujera ta faɗi. “Ni? Wane maƙaryaci ne? Ko ɗakinsa na Sanaiya ban san inda yake ba! Ni da ko sunan 'yata ba na kira!”

“Zauna, Alhaji. Malam Kilaf, gaya masa.”

Bature ya ɗauki murfin kofi ya ajiye a tebur, ya zagaye shi da yatsa. Ya ce tun yana yaro haka aka koya masa, haka kuma ya koya wa duk golan da ya bi ta hannunsa: abin da ke cikin farin layin nan gidan gola ne. Ɗan baya baƙo ne a ciki. Ya ce ya taɓa ganin abin da ke faruwa in baƙo ya shigo maigida ya kasa magana, ya ɗaga wayarsa ya nuna wa Alhaji tsohon hoton Landan. Alhaji ya kalli saurayin Bature da ƙaton kyaftin suna zubewa, ya kalli ƙwallo tana gangarawa. Ya ce a sake masa. Ya kalla kuma.

“Wannan mai gashin bakin,” in ji shi a hankali, “ni ne ke nan.”

“Shi dai ba surukin kowa ba ne,” in ji Baba. “Kai naka ya fi muni.”

Alhaji ya share zufa. “To yaya za a yi? Ƙwallon sama in na gan ta, Baba, jikina ne ke tafiya da kansa.”

“Abin da kake yi a ƙofar kowa. Ka tsaya a layi ka ce gafara. In maigida ya ce shigo, taka ce. In ya ce dakata, ka dakata. Baƙo bai taɓa jin haushi don an ce ya jira a zaure ba, kuma maigida bai yi rashin kunya ba.”

Alhaji ya ɗauki goro ya ɓare, ya miƙa wa Bature rabi. Malam Kilaf ya tauna, fuskarsa ta tattare kamar tsohuwar jaka, amma ya haɗiye. Baba ya ce daga ranar ya tabbata mutumin ya cancanci kofi.

Juma'ar wasan ƙarshe filin Al Thumama ya cika. 'Yan zango sun zo daga Sanaiya mota-mota, 'yan Najeriya sun zo da tutarsu da matansu, ana ta musu a kan wa ya fi iya dafa shinkafa. Kofin yana kan tebur a gefe, ɗan madaidaici mai ruwan zinariya, an ɗaura masa kyalle. Jirgin Malam Kilaf kuwa jibi ne. Baba ya lura ko sau ɗaya Bature bai dubi teburin ba.

Mika'ilu bai ɓoye dabararsa ba. Da ƙarfi ya gaya wa yaransa, “Kada kowa ya wahalar da kansa. Ku ɗaga ta sama tsakanin suruki da suruki, sauran aikin su za su yi mana.”

Aka busa. Ba a daɗe ba suka ɗago ta. Alhaji ya taho da baya kamar motar da birki ya tsinke, ya iso farin layi, ya ja ya tsaya cak.

“Gafara dai!”

Filin ya yi tsit. Sai aka ji 'yar muryar Mubarik daga bakin raga, yana amsa wa surukinsa. “Dakata, Baba.”

Mubarik ya tashi sama ya cafke.

Dariyar da aka yi ranar, har alƙalin wasa, wani ɗan Sudan, sai da usur ya faɗo daga bakinsa. Mika'ilu ya bi shi yana cewa, “Alƙali, wannan doka ce? A wane littafi?” Alƙali ya ce, “Yalla, yalla, ku yi wasa.” Aka sake ɗagowa. “Gafara dai!” “Shigo, Baba.” Alhaji ya sa kai ya mayar da ita har tsakiya, ya juyo yana huci cike da jin daɗi. 'Yan kallo suka ɗauka, ko ƙwallo ta yi sama kaɗan sai fili duka ya amsa, “Gafara dai!”

Bayan hutun rabin lokaci wani direba cikin 'yan zango ya samu ƙwallo a gaban ragar 'yan boko, ya rufe ido ya yi bismilla ya doka. Ta shiga. Ɗaya da nema. Baba ya zagaye fili da gudu da butar shayi a hannu, yana gaya wa duk wanda ya tarar cewa shi ya ce wa yaron ya tsaya a wurin.

Daga nan 'yan Najeriya suka taso kamar ruwan Agusta. Alƙali ya fara duba agogo. Sai suka samu kwana. Duka suka shigo, har golansu. Aka ɗago ƙwallo, doguwa, mai lanƙwasa, tana saukowa daidai tsakiyar gidan Mubarik. Mika'ilu ya taso ta gefe. Alhaji kuwa ya ga ƙwallon da ya yi mafarkinta tun yana yaro. Idonsa na sama, ƙafarsa ta taka farin layi ta wuce, babu gafara babu sallama, yana tahowa da baya da dukan nauyinsa, daidai inda Mubarik zai tashi.

Baba ya dubi Malam Kilaf. Baturen da ya shekara yana ihu a bakin fili ya yi shiru, ya dafe kai da karkatattun yatsunsa. Ya taɓa ganin wannan hoton.

“BABA! DAKATA A WAJE!”

Jirgi yana wucewa a lokacin, amma ba wanda ya ji jirgin. Alhaji ya daskare kamar an zare masa batir, har ya ɗan ja da baya. Mubarik ya bi ta gabansa ya tashi, ya wuce kan Mika'ilu, ya ɗauke ƙwallo da hannu biyu ya rungume ta a ƙirji ya faɗo. Sai ya tuna da wanda ya daka wa tsawa. Ya mirgina ya durƙusa a gaban Alhaji da ƙwallo a hammata, kai a ƙasa.

“Baba, a gafarce ni...”

“Ni ne na shigo ba sallama,” in ji Alhaji, yana kallon gefe, domin shi ma ba ya iya haɗa ido. “Tashi ka buga ta can, maigida, kafin alƙali ya ce mun ɓata lokaci.”

Mubarik ya buga ta sama. Kafin ta sauko aka busa tashi.

Da aka miƙa wa Alhaji kofi a matsayinsa na kyaftin, bai ko ɗaga shi ba. Ya juya ya nufi bakin fili, 'yan wasa na biye da shi, ya tsaya ɗan nesa da Bature ya ce, “Gafara dai, Malam Kilaf.”

Bature ya share ido da bayan hannu. Ya nemo cikin Hausar da ya sani, wadda ba ta wuce kalma uku ba, ya ce, “Shigo.”

Yatsun nan da ba sa miƙewa suka kama kofin ta kunnuwa biyu. Ya ɗaga shi sama, 'yan zango suka ɗaga shi shi ma, har Mika'ilu ya sa kafaɗa yana cewa shi don Bature ya yi, ba don 'yan Kumasi ba. Malam Kilaf ya ce kofin na ƙungiya ne, ba zai tafi da shi ba. Baba ya ce in ya sake faɗin haka zai kira kafil ɗinsa a hana shi fita ƙasar. Shi ke nan. Bayan kwana biyu ya hau jirgi da kofin a cinya, domin ya ƙi yarda a sa shi cikin kaya.

Yanzu yana can garinsu mai ruwan sama, yana koya wa 'yan makaranta tsaron gida ranar Asabar. Ya turo wa Baba hoto: kofin a kan kabad, jikoki sun kewaye shi. Ya ce 'yan bayansa duka sun iya cewa gafara, ko da yake ba su san daga ina ta fito ba. Baba ya san daga ina ta fito, kuma duk wanda ya zauna shan karak a wurinsa sai ya sani.

Akwai masu cewa Baba Mudasiru yana ƙara wa miya gishiri. To, hanyar Al Thumama ba a rufe take ba, Juma'a kuma ba ta ƙare ba. Mai musu ya sa takalmi ya zo bayan la'asar, ya jira a ɗago ƙwallo, ya taka farin layin Mubarik ba tare da ya ce gafara ba. In ya fito da kunnuwansa biyu suna aiki, Baba zai ba shi butar shayin kyauta, ya bi shi da ita har gida.